Wuƙar keris da kasuwar tsaraba

A tsibirin Jawa na ƙasar Indunusiya, adon ango na gargajiya ba ya cika sai ya soke keris a ɗamararsa ta baya. Wuƙa ce mai baki biyu, wata miƙaƙƙiya, wata mai lanƙwasa kamar tafiyar maciji, kuma lanƙwasar kullum mara ce: uku, tara, sha uku. Maƙerinta empu ake ce masa, ana girmama shi kamar malami.

Abin da ya sa na ƙaunaci wannan wuƙa shi ne zanen jikinta, wanda suke kira pamor. Ba da alƙalami ake yin sa ba. Maƙeri yakan haɗa baƙin ƙarfe da ƙarfe mai nikel, ya zuga wuta, ya ɗora a uwar maƙera ya daka, ya ninke, ya mayar wuta, ya sake ninkewa, har su zama falle-falle a jikin juna. Sai an wanke ruwan wuƙar da lemun tsami da wata guba mai suna warangan sannan ƙarfen ya yi baƙi ƙirin, nikel ya fito fari kamar sawun ruwa a kan yashi. A fadar Surakarta da ke Jawa har yau ana ajiye da wani dutse da ya faɗo daga sama kusa da Prambanan, wanda aka riƙa gutsura don ƙera keris ɗin sarauta.

UNESCO ta karrama keris a 2005. Yanzu kasuwarta ta buɗe, masu yawon buɗe ido na saye, kuma ƙauyen Aeng Tong-tong da ke Sumenep a tsibirin Madura ya cika da masu ƙira. Wasu na kukan cewa an mayar da gado kayan tsaraba. Ni ban bi su ba. Maƙerar da ba ta ciyar da gida, yaro ba zai zauna yana ja mata zuga-zugi ba, kuma a wajen ƙera ta arha ne hannu yake faɗawa kafin ya kai ga ta gaske.

Inda raina yake ɓaci shi ne ha'inci: a ɗauki sabuwar wuƙa a jiƙa ta da sinadari ta ci tsatsa, a sayar da sunan ta kaka da kakanni ce. Wanda aka fi cuta a nan shi ne maƙerin da ya yi watanni yana ninkin ƙarfe, don mai saye ya daina yarda da kowa, har ya riƙa taya aikinsa da kuɗin na jabu.