Lafazin Ingrid Bergman: abin da ɗora murya ke sharewa

Masu nazarin sinima sun yi rubutu mai yawa bisa fuskar Ingrid Bergman (Stockholm 1915, Landan 1982). Mu abin da ya dame mu a nan bakinta ne. Ta yi wasa cikin harsuna 5: Suwedanci, Jamusanci, Ingilishi, Italiyanci da Faransanci, amma in ban da harshen da aka haife ta cikinsa, babu wanda ta taɓa magana da shi ba tare da an ji baƙunta a lafazinta (accent) ba. Da'awarmu ita ce wannan lafazi kayan aikinta ne, kuma wanda ya kalli finafinanta da muryar wata da aka ɗora (doublage) bai ga rabin wasan ba.

Tun da Selznick ya kai ta Amurka a 1939 don maimaita Intermezzo, Hollywood ta riƙa ba ta matsayin baƙuwa. A Casablanca (1942) ƴar Norbej ce, a For Whom the Bell Tolls (1943) ƴar Isbaniya, a Notorious (1946) ɗiyar Bajamushe. Daga baya Renoir ya mai da ta gimbiyar Polanya a Elena et les hommes (1956). Lafazi guda, ƙasashe barkatai. Ga kunnen ɗan kallon Amurka duk wanda ya fito daga hayin teku ɗaya ne, kamar yadda wasu a wajenmu ke kiran kowane farar fata Anasara. Wannan lalaci ne na masu shirya fim, kuma ita ma ta ci moriyarsa.

Mene ne ake ji a bakinta? Suwedanci ba shi da /z/, don haka masu shi kan karkata ga /s/. Abin da ya fi wannan shi ne karin sauti: a Suwedanci kalmar anden na iya nufin agwagwa ko ruhu, gwargwadon hawa da saukar murya, kusan yadda Bahaushe ke raba kuka na hawaye da kuka ta miya. Ragowar wannan hawa da sauka ce, a ganinmu, ke ba jimlolinta na Ingilishi wani rangaji da masu sharhi suka ɗauka halin tausayi ne.

Rossellini ne ya fara ɗaukar baƙuntar a matsayin jigo. Cikin wasiƙar da ta aika masa a 1948, da lissafin harsunanta ta gabatar da kanta, tana cewa a Italiyanci kalmomi biyu kawai ta sani. A Stromboli (1950) ta fito a matsayin Karin, ƴar gudun hijira daga Lituwaniya wadda ta auri masunci don ta fita daga sansani, sai ta tarar da kanta a tsibirin da ba ta jin maganar mutanensa. Rikicin fim ɗin ke nan. In aka ɗora wa miji da mata Faransanci guda mai santsi, katangar da ke tsakaninsu ta faɗi, sai Karin ta koma mace mai tsiwa kurum. Abin kunyar soyayyarta da Rossellini, wanda har majalisar dattawan Amurka ta ji labarinsa a 1950, ya danne wannan batu shekara da shekaru.

Akwai wurin da ba mu yaba mata ba. A Murder on the Orient Express (1974), bayan shekara 35 tana aiki da Ingilishi, ta ƙirƙiri gwarancin Suwedanci mai kauri don ta fito a matsayin ƴar mishan da ta yi aiki a Afirka. Gwaninta ce, ta kuma samo mata Oscar na uku, amma dariya ake yi wa lafazin, ba da shi ake wasa ba. Sai a kwatanta da Höstsonaten na Ingmar Bergman (1978), inda uwa da ɗiya ke cin zarafin juna cikin Suwedanci tsantsa: rangajin nan ya daina zama alamar komai, muryar ta yi kaifi, tausayin da aka saba jingina mata ya ɓace. Ɗalibin da zai yi aiki bisa wannan fim ya nemi asalinsa mai fassarar rubutu a ƙasa (sous-titres), ko da kalma guda ta Suwedanci bai ji ba.