Alƙalamin Haya a Lokacin Yaƙi

A watan Janairun 1939 aka fara buga Gaskiya Ta Fi Kwabo a Zariya, Malam Abubakar Imam yana edita. Watanni takwas bayan haka Yaƙin Duniya na Biyu ya ɓarke. Jaridar ta gwamnatin mulkin mallaka ce, don haka babban aikinta ya koma tallata wa talakan Arewa yaƙin Ingila: a tsani Hitila, a shiga soja, a ƙara noman gyaɗa. Gundumomi irin su Birnin Kudu da Gwaram, waɗanda a lokacin suke cikin Lardin Kano, suna cikin waɗanda ake nufi da wannan kira.

Ba ma musun cewa Hitila azzalumi ne. Damuwarmu ita ce hajar da aka tallata. An ce yaƙin 'yanci ake yi, alhali a watan Satumban 1941 Churchill ya shaida wa majalisar Ingila cewa alkawarin cin gashin kai na Yarjejeniyar Atlantika bai shafi ƙasashen da suke mallaka ba. Daga 1942 zuwa 1944 kuma an riƙa kwasar talakawa aikin tilas a ma'adinan kuza na Jos, yayin da wasu samarinmu ke daji a Bama.

Za a ce marubuci ɗan aike ne, ba shi da zaɓi. Mu dai ba mu yarda ba. Sanarwar Bature ba ta shiga zuciyar manomi sai ta bi ta bakin wanda ya iya Hausa, irin mai Magana Jari Ce. Gwanintar da ta sa saƙon ya karɓu ita ce ta ɗora wa mai ita alhaki.

Imam ya nuna ya san nauyin nan. Da ya je Ingila a 1943, ya gana da Lugga, ya zayyana masa illolin mulkin En'e. Wannan abin yabo ne, amma Lugga ne ya ji, talakan da ya sayi jarida da kwabonsa bai ji ba.

Yau masu shirya waƙoƙin kamfen da masu rubutun haya a Facebook sun gaji wannan sana'a. Kafin su karɓi kwangila, ya kamata su tambayi kansu abin da aka ce su ɓoye, da kuma wanda zai cutu idan sun ɓoye shi.