Jinjina ga Masu Riƙon Sirrin Marasa Lafiya

A ɗakin gwaji na babban asibitin Kaura Namoda, ko na Shinkafi da Zurmi, aikin hannu na gwajin ƙanjamau ba ya wuce minti ashirin: a soki yatsa, a ɗiga jini a kan 'yar takardar gwaji, a jira layi ya fito. Babban aikin yana farawa ne bayan an rufe ƙofa, lokacin da ma'aikaciya za ta dubi mai juna biyu ta ce, "'Yar'uwa, kwantar da hankalinki, akwai magani, kuma jaririnki zai iya tsira."

Tun 1986 da aka sanar da ɓullar ƙanjamau a Najeriya, tsangwama ta kori mutane daga asibiti, ba tsadar magani kaɗai ba. Gwamnatin tarayya ta mayar da maganin kyauta a 2006, dokar hana wariya ga masu ɗauke da cutar ta zo a 2014, amma har yau akwai matar da ke juye ƙwayoyinta cikin robar farasitamol don gudun idon kishiya.

Waɗannan ma'aikata, tare da masu ɗauke da cutar da ke tallafa wa juna ƙarƙashin ƙungiyar NEPWHAN, su ne ke bin sawun wanda ya daina zuwa karɓar magani, a yankin da 'yan bindiga suka sa tafiya ta zama kasada. Kuma suna haɗuwa da majinyacinsu a kasuwar Shinkafi ranar Alhamis, su gaisa, su wuce, bakinsu alaikum. Allah Ya saka musu da alheri.