Dokta Shamsuddeen Usman, Gwanin Lissafin Ƙasa

In aka ce a kawo gwanayen Arewa, yawancinmu da sarakuna muke farawa, sai sojoji, sai 'yan siyasar da ke cika fili da jama'a. Ni nawa gwanin ba ya cikin waɗannan. Mutum ne na alƙalami da lissafi, wanda ya yi shekara takwas yana mataimakin gwamnan Babban Bankin Najeriya, ya riƙe ma'aikatar kuɗi ta ƙasa, ya kuma yi sama da shekara huɗu yana ministan tsare-tsare. Dokta Shamsuddeen Usman ke nan, Bakano ɗan cikin ganuwa. Ina son aikin mutumin nan so na haƙiƙa, kuma ina so 'yan'uwana na Beri da ƙasar Kontagora su san dalili, domin abin da ya daɗe yana yi ya shafi buhun masarar da muke kai wa kasuwa fiye da yadda muke zato.

An haife shi a Kano a 1949. Ya yi karatu a Kwalejin Gwamnati ta Keffi, ya wuce King's College ta Legas, sannan Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya inda ya karanci tattalin arziki. Daga nan ya tafi Landan, ya shiga shahararriyar makarantar nan ta nazarin tattalin arziki, ya yi digiri na biyu da na uku. Mai irin wannan takarda a wancan zamani, in ya ga dama ya zauna a Turai, babu ƙofar da za ta rufe masa. Shi kuwa gida ya dawo. Ya koyar a jami'a, ya yi aiki a Bankin Raya Masana'antu na Najeriya, ya kula da kasafin kuɗin jihar Kano tare da ba gwamnati shawara kan tattalin arziki. Kafin ya cika shekara arba'in, takwarorinsa masana sun ɗora shi shugaban ƙungiyarsu ta ƙasa baki ɗaya. Masha Allah!

Amma wurin da nake so mu ɗan daɗe shi ne aikinsa na fari, wanda ba a cika ambata ba: jami'in tsare-tsare a gwamnatin jihar Kano, tsakiyar shekarun 1970. A nan aka ƙera mutumin. Lokacin nan Najeriya tana tafiya ne bisa kundin raya ƙasa. An yi na farko daga 1962 zuwa 1968, na biyu daga 1970 zuwa 1974, na uku daga 1975 zuwa 1980, na huɗu daga 1981 zuwa 1985. Gwamnati takan zauna ta rubuta abin da za ta gina, da inda kuɗin zai fito, da lokacin gamawa. Mu mutanen jihar Neja ba sai an yi mana dogon bayani kan amfanin wannan ba. Madatsar ruwan Kainji, wadda har yau take ba ƙasa lantarki, ita ce babban aikin kundin farko. An zauna an yi lissafinta, aka nemo kuɗi, aka fara gini a 1964, aka gama a 1968. Ba alkawarin yaƙin neman zaɓe ba ce. A Kano ma madatsar Tiga ta zamanin Audu Bako daga irin wannan tunani ta fito. Saurayi Shamsuddeen ya buɗe ido a aiki cikin wannan tarbiyya, kuma duk kujerar da ya hau daga baya, tarbiyyar nan ya ɗauka ya tafi da ita: tun ran gini ran zane, a rubuta, a ƙidaya, a dawo a duba. Wannan riƙo nasa shi ne abin da ya sace mini zuciya.

A ƙarshen shekarun 1980 aka danƙa masa aiki mai ƙaya. Gwamnatin Babangida ta yi Dokar Soja mai lamba 25 ta 1988 don sayar da wasu kamfanonin gwamnati, aka kafa kwamiti a ƙarƙashin marigayi Dokta Hamza Zayyad, Wazirin Katsina, aka naɗa Shamsuddeen babban daraktansa na farko. Na san da yawa cikinmu ba sa son jin maganar sayar da kadarorin gwamnati, kuma abin da ya faru da wasu kamfanoni a zagayen baya ya ba su hujja. To amma a dubi yadda aka yi zagayen farkon. Daga cikin kamfanoni 111 da aka ware, an kammala 88 zuwa 1993, kuma mafi yawan hannayen jarin a kasuwa aka baje su ga jama'a, aka kula da rabon jihohi, har sama da mutum 800,000 suka zama masu hannun jari. Malamin makaranta da ƙaramin ɗan kasuwa sun mallaki ɗan rabo a banki ko kamfanin mai, abin da iyayensu ba su taɓa mafarki ba. A gaskiya ban san wani zagayen sayar da kadarori a ƙasar nan da ya kai wannan tsabta ba.

Bayan ya shugabanci bankin NAL, sai aka kira shi Babban Banki a 1999, daidai da dawowar mulkin farar hula. Masu shekaru za su tuna halin da bankuna ke ciki. A watan Janairun 1998 kaɗai an soke lasisin bankuna 26. Mutane sun tara kuɗi shekara da shekaru, suka wayi gari ƙofa a garƙame. A ƙauyuka irin namu wannan ya ƙara wa mutane tsoron banki, kowa ya gwammace ya sayi saniya ko ya binne abinsa a ɗaki. A wannan yanayi Dokta ya hau kujerar mataimakin gwamna, ya yi aiki da Cif Joseph Sanusi har 2004, ya ci gaba da Farfesa Charles Soludo har 2007. Gwamnoni biyu masu hali daban, mataimaki ɗaya, babu hayaniya, babu tonon silili a jarida.

A zamaninsu ne aka yi babban gyaran da ya sauya fuskar bankunan Najeriya. Ran 6 ga Yulin 2004 aka sanar cewa duk bankin da ke son ci gaba da aiki sai ya ɗaga jarinsa daga naira biliyan 2 zuwa biliyan 25 kafin ƙarshen 2005. Aka yi ta kururuwa cewa ba zai yiwu ba. Wa'adi ya cika, bankuna 89 suka dunƙule suka koma 25. Sunan Soludo ne ya fita, kuma ya cancanta, amma duk wanda ya san yadda ma'aikata take ya san gwamna ba ya ɗaukar irin wannan kaya shi kaɗai. Akwai mataimakan da ke zaman kwamiti dare da rana, suna bin takardun kowane banki, suna tabbatar da cewa kuɗi na zagayawa lafiya yayin da ake rushe gida ana sake gina shi. Dokta yana cikin waɗannan, kuma ya zo da abin da ba kowa ke da shi ba: ya san banki daga ciki don ya shugabance shi, ya san shi daga waje don ya koyar da iliminsa. A watan Disambar 2005 kuma aka fito da manufar ƙananan bankunan talakawa, wadda ta share wa bankunan al'umma hanyar sauya riga su riƙa ba mai ƙaramar sana'a rance. Har yanzu abin bai kai ƙauyukanmu yadda ake so ba, mai kuɗi a hannu sai ya nufi Kontagora, amma harsashin a lokacin aka zuba shi.

Ga wani abu ƙarami da ke burge ni. Takardun naira 100, 200, 500 da 1,000 duk a shekarunsa na Babban Banki suka fito, daga 1999 zuwa 2005. Ka duba ta dubu ɗaya da ke aljihunka: ɗaya daga cikin fuskoki biyun da ke jiki ta Alhaji Aliyu Mai-Bornu ce, ɗan ƙasa na farko da ya zama gwamnan bankin, daga 1963 zuwa 1967. Daga shi, zuwa Malam Adamu Ciroma, zuwa Abdulƙadir Ahmed da ya yi shekara goma sha ɗaya, zuwa Sanusi Lamido Sanusi, Arewa tana da sahu mai tsawo a wannan gida, kuma Shamsuddeen yana tsakiyar sahun da kansa a ɗage.

A 2007 marigayi Shugaba Umaru Musa 'Yar'aduwa ya naɗa shi ministan kuɗi. 'Yar'aduwa ya bayyana kadarorinsa ga jama'a, sai Dokta ya bi sawu, aka shaide shi da zama ministan farko da ya yi haka a fili. Doka cewa ta yi ka cika takarda ka miƙa wa hukuma. Shi kuwa ya baje wa kowa ya gani, mutumin da za a ba makullin baitulmali! Wallahi duk lokacin da na tuna wannan sai na ji girmansa ya ƙaru a idona. A lokacinsa aka taka birki ga yafe harajin kwastan da ake yi wa manyan masu shigo da kaya ta bayan fage, aka ce a sake duba lamarin. A lokacinsa kuma aka tsaurara cewa duk kuɗin da ma'aikata ba ta kashe ba a ƙarshen shekara ta maido da shi asusun gwamnati, maimakon a yi watanda da shi a watan Disamba. Biliyoyin naira suka dawo. Irin waɗannan matakai ba sa jawo wa mutum masoya a Abuja, ya sani, ya yi.

Sai ga guguwar 2008. Gangar ɗanyen mai da ta kai dala 147 a watan Yuli ta faɗo ƙasa da dala 40 kafin shekara ta ƙare. Abin da ya tare wa Najeriya faɗuwa shi ne rarar kuɗin mai da aka ajiye, wajen dala biliyan 20, da kuma sauƙin bashi da aka samu tun 2005 lokacin da ƙasashen Kulob ɗin Paris suka yafe dala biliyan 18. Kowane manomi a Beri ya san wannan darasi: wanda ya cika rumbu a kaka shi ke kwana lafiya a tsakiyar damina, lokacin da tiya ta yi tsada. Dokta yana cikin masu tsayawa kai da fata a kan a riƙa ajiya, a lokacin da masu son a raba a kashe suka fi yawa kuma suka fi ƙarfin murya.

Da aka mayar da shi Hukumar Tsare-tsare ta Ƙasa a ƙarshen 2008, wani Bakanon, Dokta Mansur Muhtar, ya gaje shi a ma'aikatar kuɗi, wasu suka ɗauka an rage masa girma. Ni a wurina gida aka mayar da shi. Tun da aka shiga shirin tsuke bakin aljihu na 1986, al'adar dogon tsari ta yi rauni, kowace gwamnati da nata taken. Shi ya jagoranci rubuta kundin nan na burin shekarar 2020, wanda ya nufi sa Najeriya cikin ƙasashe ashirin mafi ƙarfin tattalin arziki a duniya, da arzikin dala biliyan 900 a shekara. Ya biyo shi da shirin aiwatarwa na 2010 zuwa 2013. A 2012 aka kai ga sa ministoci su rattaba hannu kan yarjejeniyar aiki da shugaban ƙasa, kowa da ma'aunin da za a auna shi. Ku yi tunani: a tambayi minista kilomita nawa ya shimfiɗa, yara nawa suka shiga aji, ba nawa ya kashe kawai ba. Ya kuma aza tubalin babban kundin gine-ginen ƙasa na shekara talatin, wanda ya ƙiyasta buƙatar kusan dala tiriliyan 3 don hanyoyi, lantarki, jiragen ƙasa da ruwa.

Na san abin da za a ce mini: ai 2020 ta zo ta wuce, ba mu shiga sahun ashirin ba. Haka ne. Ga hanyar Tegina zuwa Kontagora nan shaida, ga kuma manoman ƙasar Mariga da rashin tsaro ya raba da gonakinsu. Amma a yi adalci. Wanda ya rubuta tsari daban, wanda ya saki tsarin daban. Ya bar ofis a Satumbar 2013, farashin mai ya sake rugujewa a 2014, ƙasa ta shiga karayar arziki a 2016. Kuma da me muka san an gaza? Da alƙaluman da shi kansa ya rubuta ya ajiye. Shugaban da bai faɗi inda za shi ba, ba a iya kama shi da ɓatan hanya. Dokta ya faɗa, ya sa lamba, ya sa shekara, ya ba talaka abin da zai riƙe ya tuhumi gwamnati. Wannan jarumta ce, kuma ni ina jinjina mata.

Ko sabunta lissafin arzikin ƙasa da aka sanar a Afrilun 2014, wanda ya nuna dala biliyan 510 ya kuma ɗora Najeriya gaban Afirka ta Kudu, Hukumar Ƙididdiga ce ta yi shi, wadda ke ƙarƙashin kulawar hukumarsa a shekarun da aka ɗauko aikin. An daɗe ana auna ƙasa da ma'aunin 1990, zamanin da babu wayar salula a hannun kowa.

Bai manta unguwa ba. Gidauniyar Alheri da ke Garangamawa a birnin Kano, mai horar da matasa da taimakon marasa lafiya, da hannunsa a ciki. Kuma a 2023, yana da shekara saba'in da huɗu, aka sake kiransa ya shugabanci hukumar gudanarwar kamfanin da ke riƙe da kadarorin gwamnatin tarayya. Gwamnatoci sun zo sun tafi, na soja da na farar hula, na wannan jam'iyya da na waccan, amma in aka zo wurin amana da lissafi sai a sake laluben lambarsa.

Saboda haka ina da roƙo. Manyan makarantun Kontagora da masarautar Sarkin Sudan su haɗa kai su gayyato Dokta Shamsuddeen ya yi mana lacca, da Hausa, a fili, yadda dillalin hatsi da mai kiwo za su ji. A zaunar da shugabannin ƙananan hukumomin Mariga da Kontagora a sahun gaba da takarda da biro, ya nuna musu yadda ake rubuta tsarin shekara biyar na ƙaramar hukuma, rijiya nawa, aji nawa, kwalbati nawa, a kuma liƙa shi a bango kowa ya gani. 'Yan makarantar sakandare na Beri kuma a tanadar musu mota su je su gan shi ido da ido. Allah Ya ƙara wa Dokta lafiya da nisan kwana, Ya sa a amsa wannan kira tun yana da ƙarfin zuwa.