Tuntuɓen Harshe: Sharhi a kan Ra'ayin Freud da na Masanan Harshe

Hausawa sun ce magana zarar bunu ce, in ta fita ba ta komawa. Babu inda wannan ya fi tabbata kamar wajen tuntuɓen harshe, watau mutum ya yi nufin faɗin wani abu, bakinsa ya suɓuce ya faɗi wani dabam. Kafin ya gyara, waɗanda ke zaune sun riga sun dubi juna, hukunci kuwa an riga an yanke shi: abin da ke cikin zuciya ne ya fito. Maigida ya kira amarya da sunan uwargida, aka yi yaji. Maroƙi ya sa sunan abokin hamayya a cikin kirarin ubangidansa, ya rasa riga. Nufina a wannan takarda in auna hukuncin nan, gama wani babban likita na ƙasar Ostiriya, Sigmund Freud, ya ɗinka masa rigar ilmi, har ya zama yau sunansa ake laƙaba wa irin wannan suɓul-da-baka a harsunan Turai. A ganina tuntuɓen harshe yana tona asiri ƙwarai, amma galibi asirin yadda ake ƙera magana yake tonawa.

Ba Freud ne ya fara tattara waɗannan kurakurai ba. A shekarar 1895 wani masanin harsuna a birnin Biyana, Rudolf Meringer, tare da wani likita mai suna Carl Mayer, suka buga littafi a kan kuskuren faɗi da kuskuren karatu. Meringer mutum ne mai naci. In abokin cin abincinsa ya yi tuntuɓe sai ya tsai da hira, ya rubuta abin da aka faɗa, da lokacin da aka faɗe shi, da ko mai maganar ya gaji, sa'an nan ya tambaye shi abin da yake tunani. Da haka ya tara fiye da 8,000, ya kasa su kashi-kashi: akwai musanyar wuri, akwai sautin da ya yi gaggawa ya riga lokacinsa, akwai wanda ya maƙale ya sake fitowa bayan an wuce shi, akwai kalmomi biyu da suka narke suka zama ɗaya, akwai kuma kalmar da ta maye gurbin wata. Freud ya ɗebi misalai daga wannan rumbu ya zuba a babi na biyar na littafinsa a kan kurakuran yau da kullum, wanda ya fara fitowa cikin wata mujallar likitoci a 1901, ya zama littafi a 1904. Amma ya ce bayanin Meringer bai kai gindin magana ba. A wurinsa, kusan kowane tuntuɓe akwai wani nufi da aka danne, wanda ya sami kafa ya leƙo. Meringer bai yafe masa ba, ya mai da martani mai zafi a littafinsa na 1908.

Misalin da ya fi shahara shi ne na shugaban majalisar wakilai ta Ostiriya, wanda ya miƙe zai buɗe zama, sai ya ce ya rufe shi. Freud ya ce mutumin yana gudun rigimar da za a yi, ransa na so a ce an riga an tashi. Mai yiwuwa ne. Amma mai karatu ya tuna sau nawa ya ce "jiya" alhali "gobe" yake nufi, ko ya ce wa direba ya bi dama hannunsa na nuna hagu. Kalmomi kishiyoyin juna maƙwabta ne a cikin ƙwaƙwalwa, gama ma'anarsu ɗaya ce in ban da abu guda, kuma gurbi ɗaya suke shiga a jimla. Wanda ya miƙa hannu zai ɗauko "buɗe", "rufe" na nan kusa da yatsunsa, ko yana son zaman ko ba ya so.

Babban aibin hanyar Freud shi ne ba ta da ƙofar da za a ce ta faɗi. In mai tuntuɓe ya amsa fassarar da aka yi masa, an gaskata ta. In ya musa, sai a ce musun nan shi ne shaidar dannewa. Alƙalin da ke karɓar iƙirari hujja, ya kuma karɓi musu hujja, ba shari'a yake yi ba. A 1974 wani Ba'italiye masanin tsofaffin littattafai, Sebastiano Timpanaro, ya bi misalan Freud ɗaya bayan ɗaya, ya nuna da yawansu irin kuskuren da masu kwafar littafi da hannu suka saba yi ne tun fil azal: a bar kalma mai wuya a ɗauki wadda aka saba da ita, ko a tsallake wadda jimla za ta iya tsayawa ba ita. Wannan ba baƙon abu ba ne ga alarammomin ƙasar nan. Sun san mai tilawa yakan zame daga wata aya ya faɗa cikin wata mai kama da ita a wata sura, shi ya sa suke ba mutashabihai kulawa ta musamman. Ba wanda ya taɓa tuhumar gardi da wani ɓoyayyen nufi saboda haka.

To, in an ajiye neman nufi, aka dubi siffar kuskuren kansa, me za a gani? Abu na farko, tuntuɓe yana da doka. A ce mutum ya so ya ce "ruwan sama", ya ce "suwan rama", ko "farar hula" ta zama "harar fula". Baƙin farkon gaɓa da baƙin farkon gaɓa suka yi musanya, wasula suna nan inda suke. Da wuya ƙwarai a ji baƙi ya yi musanya da wasali, ko na farkon gaɓa da na ƙarshenta, kuma abin da ya fito yakan zama abin da harshen ya yarda a furta, ko da ba shi da ma'ana. Wannan shi ne jigon maƙalar Victoria Fromkin ta Jami'ar Kalifoniya a 1971. Irin wannan musanya ce muke gani ta zauna daram a wasu kalmominmu, kamar bagaruwa da gabaruwa, hawainiya da wahainiya, bincike da binkice, ko da yake waɗannan yanzu bambancin karin harshe ne, ba kuskure ba.

Abu na biyu ya fi wannan nauyi. Kafin "s" ta "sama" ta iya tsallakowa ta zauna a farkon "ruwa", tilas ne "sama" ta riga ta kasance a shirye tun mai magana bai buɗe baki ba. Karl Lashley ya kafa hujja da wannan a 1951, ya rushe ra'ayin masu cewa magana sarƙa ce, kowace kalma ita ke jawo ta bayanta. Ashe akwai shiri da ke gaba da furuci, kamar yadda masaƙi yake gama jan zare kafin ya jefa ƙoshiya.

Merrill Garrett ya ƙara gaba a 1975. Ya lura in kalmomi sukutum suka yi musanya, kusan kullum 'yan aji ɗaya ne, suna da suna, aikatau da aikatau, kuma suna iya yin nisa da juna a jimla. In kuwa sautuka ne, ba ruwansu da ajin kalma, amma sai kalmomin suna kusa da juna. Daga nan ya fahimci matakai biyu ne: a na farko ana zaɓen kalmomi a raba musu aiki, ba a riga an sa musu sauti ba, a na biyu ake jera sautuka cikin gurabensu. Ya kuma lura sau da yawa saiwar kalma ce kaɗai ke tashi, ɗafinta ya tsaya a inda yake, ya karɓi baƙuwar da ta sauka.

A nan ne nake so in tsaya kaɗan, gama mafi kyawun misalin da na sani ba daga Turai ya zo ba. A cikin Sahihu Muslim, ta hanyar Anas ɗan Malik, an kawo misalin mutumin da abin hawansa ya ɓace masa a jeji ɗauke da abincinsa da ruwansa, ya fid da rai ya kwanta a inuwar itace, sai ga dabbar tsaye a kansa. Ya kama akala, ya so ya yi godiya ya shaida shi bawa ne Allah kuwa Ubangijinsa, sai ya juya kalmomin biyu. Hadisin da kansa ya faɗi dalili, ya ce tsananin farin ciki ne ya sa shi kuskure. Mai karatu da ya san Larabci ya dubi lafazin da kyau. Kalmar "rabb" da kalmar "abd" su kaɗai suka yi musanya, dukansu sunaye ne, kowace a gurbin habari take a jimlarta. Lamirin mai magana da ke manne a ƙarshen ta farko bai motsa ba, lamirin wanda ake yi wa magana da ke ƙarshen ta biyu shi ma bai motsa ba. Da lamiran sun bi saiwoyinsu, da maganar ta fito ba kai ba gindi. Watau duk abin da Garrett ya bayyana yana cikin wannan lafazi guda. In kuwa aka ɗora masa ma'aunin Freud, sai a ce mutumin ya daɗe yana ɓoye girman kai, alhali ba a taɓa ganin bawa ya fi shi ƙanƙan da kai ba a wannan sa'a. Motsin rai ya kwance linzami, amma tsarin nahawu ne ya zaɓi inda aka faɗi.

Hausa tana da wani ma'auni nata. A Turanci an lura in sauti ya ƙaura, ƙaramar kalmar nan da ke zama "a" gaban baƙi, "an" gaban wasali, takan gyara kanta ta dace da sabon maƙwabcinta, abin da ke nuna ana yanke siffarta bayan kuskuren ya riga ya auku. Mu namu jinsi ne. Wanda ya so cewa "ƙofar gida" ya juya, "gidan ƙofa" zai ce, "rigar yaro" kuma ta zama "yaron riga". Kunnen Bahaushe ba zai karɓi "gidar ƙofa" ba ko a bakin mai magagin barci. Harafin nasaba, "n" ko "r", yana jira ne a ga wace kalma ta sauka a gurbin, sa'an nan ya bi jinsinta.

Kada kuwa a zaci Freud ya tashi hannu rabbana. A 1975 Bernard Baars da Michael Motley da Donald MacKay suka gano dabarar sa mutane tuntuɓe da gangan a ɗakin gwaji, suka tarar an fi yin musanyar sauti in abin da zai fito kalma ce ta gaske. Wannan ya nuna akwai wani mai gadi a ciki da ke sauraren magana kafin ta fita, abin da Willem Levelt ya ba babban matsayi a littafinsa na 1989. A 1979 kuma Motley da Baars suka ɗaura wa wasu mazaje wayoyi, suka ce musu lantarki na iya jan su, ko da yake ba a ja kowa ba. Waɗannan suka fi yin tuntuɓen da ke haifar da kalmomi masu alaƙa da jan lantarki. To, lalle abin da ke damun mutum yana iya tura wata kalma gaba. Sai dai tsoron nan a fili yake, an sa musu shi ne minti kaɗan da suka wuce, ba wani abu ne da aka binne tun yarinta ba. Maigidan da ya kira amarya da sunan uwargida, shekara nawa bakinsa ya yi yana kiran wancan suna a wannan gida, da wannan murya, don neman wannan ruwan sha? Uwa ma takan bi sunayen 'ya'yanta uku kafin ta kai ga wanda take nema.

Masanan harshe su ma suna da nasu laifi, ba zan rufe musu ba. Yawancin rumbunansu da kunne da alƙalami aka tara su, kunne kuwa yakan gyara abin da ya ji ya mai da shi sautin da ya sani. Anne Cutler ta yi gargaɗi a kan haka tun farkon shekarun 1980. Ko William Spooner na Jami'ar Okusfod, wanda Ingilishi suka sa wa musanyar sauti sunansa, yawancin abin da ake jingina masa ƙagen ɗalibai ne. A 2007 Louis Goldstein da abokan aikinsa suka bi motsin harshe da na'ura yayin da mutane ke maimaita kalmomi biyu masu kama da juna, irin wahalar da yaranmu ke sha a wasan karangiya da ƙato da ƙoto da ƙwaɗo. Suka ga sau da yawa harshe yana yin motsin baƙaƙen biyu ne a lokaci ɗaya, mai sauraro kuwa ɗaya yake ji. Saboda haka dokar nan ta cewa kuskure ba ya keta tsarin sautin harshe, wani kashi nata aikin kunnen mai rubutawa ne. Ga mai son yin wannan aiki da Hausa akwai ƙarin tarko, gama rubutunmu na boko ba ya nuna karin sauti ko tsawon wasali. I-Ping Wan da Jeri Jaeger sun nuna a 1998 cewa a Sinanci karin sauti yana iya yin tuntuɓe shi kaɗai, ya bar baƙi da wasali a wurinsu. Wanda ya so ambaton wuyan da ke ɗauke da kai, ya furta wuyar da ake sha, ya yi irin wannan kuskure, amma a takarda "wuya" ɗaya za a gani. Tilas a ɗauki murya, a sa alamar kari.

Malaman fiƙihu sun daɗe da fuskantar wannan tambaya a inda amsarta ke iya raba aure. A Muhtasar na Shaihu Halil, wanda ake karantawa a zaurukan ƙasar Hausa, an yi maganar mutumin da harshensa ya riga shi, ya furta lafazin saki ba da nufi ba. Hukuncin Malikiyya shi ne a wajen fatawa sakin bai auku ba, gama lafazin da ya kuɓuce ba shaidar niyya ba ne. In kuwa magana ta kai gaban alƙali, ba a karɓar da'awarsa haka kawai, sai an sami abin da ke tabbatar da cewa tuntuɓe ne.