Mawaƙin da Ba Shi da Ubangida: Nazari a kan Ziriums da Gambarar Zamani

1.0 Gabatarwa

Manazarta adabin baka sun saba karkasa makaɗan Hausa bisa ga waɗanda suke yi wa waƙa, watau makaɗan fada, da na sana'a, da na maza, da na jama'a. Wannan rabe-rabe ya dace da ƙasar Zamfara, inda Sa'idu Faru da Musa Ɗanƙwairo suka waƙe sarakuna, Kassu Zurmi kuwa ya waƙe 'yan tauri. To, amma yau ɗalibanmu na Gusau da Tsafe da Bunguɗu suna sauraren wasu mawaƙa waɗanda ba su shiga ko ɗaya daga cikin waɗannan azuzuwa ba, su ne masu gambarar zamani. A wannan takarda za mu dubi ɗaya daga cikinsu, Nazir Ahmed Hausawa na Kano, wanda aka fi sani da Ziriums, don mu ga inda ya kamata a ajiye irinsa.

2.0 Asalin Salon

Wannan salo ya tsiro ne a unguwar Bronx ta birnin New York wajen 1973, a tsakanin baƙaƙen fatar Amurka. Mawaƙi yakan jero magana da sauri bisa kiɗa, yana dogara ga amsa-amo fiye da rauji. Da ya iso ƙasar Hausa sai aka laƙaba masa sunan gambara, kuma sunan ya faɗa daidai, domin 'yan gambara na gargajiya da zambo da habaici da saurin baki suke cin abinci a kasuwanni.

3.0 Ziriums da Hukumar Tace Finafinai

An kafa Hukumar Tace Finafinai ta Jihar Kano a 2001, amma ba ta tsananta ba sai a 2007, lokacin da gwamnatin Malam Ibrahim Shekarau ta naɗa Abubakar Rabo Abdulkarim ya shugabance ta. A wannan shekara aka ɗaure Adam A. Zango saboda faifansa na Bahaushiya. A cikin wannan hali ne Ziriums ya yi "Girgiza Kai", wadda jigonta shi ne kokawa da yadda hukuma ta toshe wa matasa masu fasaha hanyar abinci. Waƙar ba ta bi ta kasuwar faifai ba, daga waya zuwa waya ta riƙa yawo. A 2009 wata kotu a Kano ta haramta waƙoƙi 11, har da ita. A 2010 mawaƙin ya tafi Amurka, kuma a shekarar ya fitar da kundinsa This Is Me ta intanet.

4.0 Tarke

Abin lura na farko shi ne, makaɗin fada ba ya yin zambo sai da ubangida a bayansa. Idan Sa'idu Faru ya muzanta wani ɗan sarki mai jiran gado, ya san akwai wanda zai kāre shi, ya kuma ba shi doki da riga. Ziriums kuwa mai mulkin kansa ya fuskanta, ba tare da wata inuwa ba. Ta nan ya ƙara wa zambo wani sabon aiki.

Na biyu, haramcin ya yaɗa waƙar, domin abin da aka hana shi ake ɗokin ji. Amma waƙar da ake turawa kyauta ba ta ciyar da mai ita. Wayar hannu ta ba shi masu saurare, ba ta ba shi abin da fada ke ba makaɗinta ba. A ganinmu wannan shi ne babban cikas ga mawaƙin bayan fage.

Na uku, akwai rauni. Waƙar da aka ɗora bisa rikici guda takan dushe idan rikicin ya wuce, sai fa in tana da azancin da zai riƙe ta. Ɗalibin da aka haifa bayan 2007 sai an yi masa sharhi kafin ya gane wa ake yi wa habaicin, alhali waƙoƙin Narambaɗa har yau ana sha'awarsu ko ba a san waɗanda ya yi wa ba. Haka kuma cuɗa Hausa da Turanci, wanda ya yawaita a wannan salo, yakan rage masu fahimta a karkara.

5.0 Kammalawa

Ra'ayinmu shi ne, gambarar zamani reshe ce ta waƙar baka, kuma ya kamata a buɗe mata aji na musamman, na mawaƙan da ba su da ubangida. Muna kuma roƙon sassan Hausa na kwalejojinmu da su tattara waɗannan waƙoƙi su rubuta su, domin abin da ke ajiye a waya kaɗai yakan ɓace ranar da wayar ta lalace.