Gwarzo Shi Kaɗai: Littattafan Tarihin Masana Kimiyya a Idon Mazaunin Abijan

Duk wanda ya san unguwar Ajame ta Abijan ya san masu kasa littattafai a ƙasa. Buhu ko leda suke shimfiɗawa a gefen titi, kusa da inda motocin gbaka ke lodi, su jera tsofaffin littattafan makaranta, wasu ba bango, wasu damina ta taɓa su. Kasuwarsu ta fi ci a watan Satumba, lokacin komawa makaranta. Ɗan Bahaushen da mahaifinsa ke da rumfa a kasuwar Belleville ta Treichville, ko yake soya kifin garba a bakin layi, a irin wannan shimfiɗa yake fara cin karo da ƙananan littattafan nan masu hoton dattijo da gemu yana leƙen kwalba, ko wata mata da baƙar riga a cikin ɗakin gwaje-gwaje. Louis Pasteur ke nan da Marie Curie. Sunan Pasteur ba baƙo ba ne a garin, tun da cibiyar binciken cututtuka da aka kafa a Kodebuwa a 1972 sunansa take amsawa.

Wannan nau'in rubutu, wato tarihin rayuwar masanin kimiyya, yana da zubi guda wanda da wuya ya sauya. Ana haihuwar yaro a gidan da ba wani hali, malamai su kasa gane baiwarsa, ya girma yana kwana a kan aiki, rana ɗaya haske ya zo masa, mahassada su taso, ya kunyata su a bainar jama'a, ya mutu duniya tana makoki. Mai karatun Hausa ba zai ji baƙunta ba, don kuwa haka ake ba da labarin karamomin waliyyai, haka kuma ake ba da na jarumai irin su Iliya ɗan Maiƙarfi. Wani abin lura shi ne su wa suka aza tubalin. Babban tarihin Pasteur da ya fito a 1900 surukinsa ne ya rubuta, René Vallery-Radot. Na Marie Curie kuwa 'yarta Ève ce ta rubuta a ƙarshen shekarun 1930. Ba a sa ran 'ya ta tona asirin uwa, balle suruki. A Amurka, Paul de Kruif ya fitar da nasa kan mafarautan ƙwayoyin cuta a 1926, ya mai da likitoci tamkar 'yan tauri a fagen daga, littafin ya yi kasuwa ƙwarai.

Ba na raina amfaninsu. Yaro da yawa ya shiga aikin likita saboda ya karanta yadda Pasteur ya yi wa Joseph Meister, ɗan shekara 9 da mahaukacin kare ya ciza, allura a watan Yulin 1885, yaron ya rayu. Sha'awa ita ce ƙofar ilimi, kuma waɗannan littattafai sun iya buɗe ta. Illarsu tana cikin abin da suke bari a waje.

Pasteur ya bar wa iyalinsa wasiyya kada a nuna wa kowa kundayen da yake rubuta aikinsa na yau da kullum. Sai bayan kusan shekara saba'in da rasuwarsa jikansa ya miƙa su ga babban ɗakin karatu na ƙasar Faransa. Wani masanin tarihi Ba'amurke, Gerald Geison, ya zauna ya bi su, ya fitar da littafi a 1995. Ya nuna cewa a shahararren gwajin nan na 1881 a Pouilly-le-Fort, inda aka yi wa tumaki rigakafin ciwon saifa a gaban manoma da 'yan jarida, maganin da aka yi amfani da shi an haɗa shi ne ta hanyar sinadari, hanyar da mataimakinsa Chamberland ya gyara kuma ta yi kama da ta abokin hamayyarsa Toussaint, alhali Pasteur ya bar jama'a suna zaton tasa hanyar ce. Tumakin da aka yi wa allura sun rayu, waɗanda ba a yi wa ba sun mutu, wannan ba gardama. Amma hannun da ya ɗauki jinkar ba ɗaya ba ne, kuma littafin surukin bai faɗa ba.

Ga misali mafi kusa da mu. Duk fatake da 'yan ci-rani da ke shiga Kodebuwa sun san katin nan mai ruwan ɗorawa na rigakafin shawara, wanda ake tambaya a kan iyaka. Shawarar ce ma ta sauya taswirar ƙasar: annobar 1899 ta kashe akasarin Turawan Grand-Bassam, aka kwashe hedkwata zuwa Bingerville, daga bisani ta koma Abijan a 1934. Littattafai suna ba da labarin Max Theiler, wanda ya samar da rigakafin a 1937 ya kuma sami kyautar Nobel a 1951. Suna ba da na Adrian Stokes da cutar ta kashe a Legas a 1927, da Hideyo Noguchi da ta kashe a Akara a 1928. Sun cancanci a tuna da su. To amma ƙwayar cutar da aka raunana har ta zama rigakafi, daga jinin wani saurayi mutumin Gana aka ɗebo ta a 1927, sunansa Asibi. Ya warke ya ci gaba da harkokinsa. Allurar da aka yi wa ɗaruruwan miliyoyin mutane daga jininsa ta samo asali, amma a yawancin littattafan layi ɗaya yake samu, kamar sunan kwalba.

Abin mamaki, ɗaya daga cikin mutanen da suka fi girgiza wannan salon rubutu a nan Abijan idonsa ya buɗe. Bruno Latour, ɗan gidan masu sana'ar giyar inabi a Faransa, ya zo a 1973 don yin hidimar ƙasa a maimakon aikin soja, aka haɗa shi da hukumar bincike ta Faransa, ORSTOM, wadda reshenta na nazarin zamantakewa yake a Petit-Bassam, tsibirin da Treichville take a kai. Tambayar da aka ba shi ita ce, me ya sa masana'antun Abijan suke cewa sun rasa 'yan ƙasa ƙwararru da za su gaji manajoji Turawa? Amsar da take yawo a bakin Turawan a lokacin ita ce wai ƙwaƙwalwar baƙar fata ce ba ta kai ba. Malaman makarantar koyon sana'a har cewa suke ɗalibansu ba sa iya kallon zanen inji a takarda su hango shi da tsawo da faɗi da kauri. Da Latour ya bincika sai ya tarar an kwafo manhajar Faransa ne sukutum, ana koya wa yara zanen injin da ba su taɓa riƙe ko da ƙusarsa ba. Ɗan Faransa ya tashi yana ganin ana kwance babur a gida, shi kuwa wannan daga gonar koko aka kawo shi aka ajiye masa takarda. Duk bakaniken da ke gareji a Ajame zai iya gaya masa haka kyauta: yaron da bai sha baƙin mai ba, ba ya gane inji.

Daga nan tunani ya zo masa. In har ana nazarin mutanen Afirka kamar wata ƙabila mai al'adu na daban, me zai hana a yi wa masana kimiyya haka? A 1975 ya tafi Kalifoniya, ya tare a ɗakin gwaje-gwajen Roger Guillemin a cibiyar Salk har shekara biyu, yana kallon masu aiki kamar baƙon da bai ji yarensu ba. Littafin da ya fitar tare da Steve Woolgar a 1979 ba shi da gwarzo. Abin da ke ciki shi ne na'urori, da ma'aikatan da ke yanka da aunawa, da ƙwaƙwalen tumaki dubu ɗaruruwa da ake niƙawa don a tace ɗigon sinadari, da neman kuɗin bincike, da gardama kan ko wani layi a takarda gaskiya ne ko kuskuren na'ura. Guillemin ya sami Nobel a 1977, amma mai karatu yana rufe littafin ne da sanin cewa gaskiyar kimiyya ƙera ta ake yi da wahala, kamar yadda maƙeri ke fitar da garma, da zuga da gawayi da yaran maƙera. A 1984 Latour ya koma kan Pasteur kansa, ya nuna yadda nasararsa ta dogara da manoma da likitocin dabbobi da jami'an tsafta da sojojin mulkin mallaka waɗanda kowannensu yake da tasa bukatar.

A nan sai an yi hattara. Wasu sun karanta irin waɗannan littattafai sun fito da cewa ashe kimiyya ra'ayi ce kawai, kowa da tasa. Latour da kansa ya koka da wannan fahimta a 2004. Mutanen Abijan sun san bambancin ra'ayi da awo. A watan Agustan 2006, da aka zubar da dattin jirgin Probo Koala a wurare fiye da goma a cikin gari, mutum sama da 100,000 suka nemi magani, hukuma ta ƙirga aƙalla 15 da suka mutu, abin da kowa ke nema shi ne wanda zai auna ya faɗi mene ne a cikin dattin. Mutanen Kano ma sun san ɗaya gefen. Gwajin maganin Trovan da kamfanin Pfizer ya yi a kan yara kusan 200 lokacin annobar sanƙarau ta 1996 ya bar tabon da ya taimaka wajen dakatar da rigakafin shan inna a 2003. Wanda aka raina shi da labarin cewa masani waliyyi ne, ranar da ya ga masani ya yi ba daidai ba sai ya watsar da ilimin gaba ɗaya. Wanda ya san yadda ake aikin, ya san inda zai tsaya ya yi tambaya: wa ya ba da izini, wa ya biya kuɗi, wa ya sake gwadawa.

Abijan tana da nata mutumin da ya dace da sabon salon. Laurent Aké Assi, wanda aka haifa a 1931, ɗan malamin daji ne a gandun Banco, dajin da ke maƙwabtaka da Ajame. Ya fara ne a matsayin yaron Turawa masu nazarin tsirrai, yana nuna musu itatuwa yana faɗin sunayensu, irin mutanen da ba a saba rubuta sunansu ba. Ya kai ga digirin dakta a Paris a 1961, ya gina cibiyar adana tsirrai ta ƙasa a jami'ar Cocody, ya rubuta kundin tsirran Kodebuwa, har akwai tsirran da aka raɗa wa sunansa. Ya rasu a 2014. In aka tuna cewa J. M. Dalziel ya wallafa ƙamus na sunayen tsirrai da Hausa tun 1916, sai mutum ya tambayi kansa Aké Assi nawa ne a cikin masu magani da makiyayan da suka faɗa masa sunayen.

Mu kuma ba mu rasa abin gado ba. Malamanmu suna da nasu salon rubuta tarihin masana, irin wanda Ahmad Baba na Tumbutu ya yi a Nailul Ibtihaj. Yana da nasa rauni, yabo ya yi yawa a ciki, amma yana da wata ɗabi'a da tarihin gwarzo ya rasa: ba ya barin malami ya tsaya shi kaɗai. Dole a faɗi wajen wa ya yi karatu, wane littafi ya sauke, wa ya ba shi ijaza, su wa suka ɗauka daga gare shi. Ta irin wannan hanya labarin Muhammadu al-Kashinawi ya iso gare mu, Bakatsinen da ya rubuta littafi kan lissafin hatimi a 1732, ya rasu a Alƙahira a 1741 a gidan Hasan al-Jabarti, ɗan mai gidan kuma, Abdurrahman, ya sa shi a cikin tarihinsa. A boko, Rupert East da Abubakar Imam sun nuna a Ikon Allah tun 1949 cewa Hausa tana ɗaukar bayanin halitta, Umaru Dembo ya kai yaro sararin samaniya a Tauraruwa Mai Wutsiya a 1969. Harshe ba shi ne matsalar ba.

Ga Abdou Moumouni nan yana jira. An haife shi a Tasawa a 1929, ya karanci fiziks a Paris, ya koyar a Dakar da Konakiri da Bamako, ya shugabanci hukumar makamashin rana ta Nijar, ONERSOL, daga 1969, inda aka ƙera tukwanen dafa abinci da na'urorin ɗumama ruwa da zafin rana. A littafinsa na 1964 kan ilimi a Afirka ya dage cewa a koyar da yara da harsunansu. Ya rasu a 1991, jami'ar Yamai tana ɗauke da sunansa, labarinsa kuma da Faransanci aka fi samunsa. Marubutan Maraɗi da Damagaram da Kano, wanda zai ɗauki wannan aiki a cikinku ya rubuta shi da Hausa, ya nemo masu walda da maƙeran da suka yi aiki da shi, ya faɗi na'urar da ta yi aiki da wadda ta ƙi, ya faɗi wanda ya ba da kuɗi da ranar da kuɗin suka yanke. In an buga, a aiko da kaso zuwa Ajame.